Yadda za ka zaɓi wasan dara ko na kati wanda ba zai ƙare a saman durowa ba

Tambayar nan ta yi ta zuwa daga iyaye, daga malaman makaranta, har da samarin majalisa: wane wasa ya kamata mu saya? Wasu sun gaji da ganin yara sun duƙufa a kan waya tun safe har dare, wasu kuma lido ne ya gundure su, suna neman abin da zai sa a yi tunani. Da yawa sukan aiko da hoton kwali mai ƙyalli su ce, wannan yana da kyau? Ba a gane kyawun wasa a hoto. Wasan da ya dace da kai shi ne wanda mutanen da kake zama da su za su yarda su sake bugawa gobe. Saboda haka zaɓen yana farawa ne daga gida, kanti shi ne matakin kusan ƙarshe. Ga yadda ake bi.

1. Ƙirga abokan zamanka

Ɗauki takarda ka rubuta sunayen waɗanda za su zauna a wasan da gaske, ba waɗanda kake fata su zo ba. Idan kai da maiɗakinka ne kawai bayan yara sun yi barci, ku biyu ne. Idan majalisa ce da ake cika bayan la'asar, ƙila ku shida ne ko bakwai, wani ya zo wani ya tashi.

Wannan ƙidayar kaɗai tana zubar da rabin abin da ke kasuwa. Dara, daraf, ces da ayo duk na mutum biyu ne, sauran jama'a kallo ne nasu. A wasannin waje na kwali, Catan na mutum 3 zuwa 4 ne. Carcassonne da Ticket to Ride suna ɗaukar 2 zuwa 5, Azul da Splendor 2 zuwa 4. Belote, wasan katin da 'yan'uwanmu na Nijar suka fi sani, mutum 4 take so, biyu-biyu. Whot da Uno su ne masu faɗin ciki, ko kun kai takwas za su ɗauke ku.

A gefen kowane suna rubuta shekaru. A jikin kwalin wasannin waje akwai alamomi uku: yawan 'yan wasa, tsawon lokaci, da mafi ƙarancin shekaru. Ka karanta su kafin ka kalli zanen.

Gargaɗi: idan kwali ya ce 2 zuwa 5, ba ana nufin daɗinsa ɗaya ne a kowane adadi ba. Wasan da 'yan wasa ke ciniki da musaya a tsakaninsu ba ya armashi da mutum biyu, wasan da kowa ke dogon nazari kuma yakan zama azabar jira idan an kai biyar. Kuma gidan da ke da yaro ɗan ƙasa da shekara 3, a yi hattara da ƙananan 'ya'yan wasa, baki suke zuwa.

2. Auna lokaci da wurin zama

Nawa ne lokacin da kuke da shi a zama ɗaya ba tare da an tashi ba? Tsakanin la'asar da magariba ana iya gama daraf sau da yawa, ana iya gama Azul ko Splendor ko Jaipur, waɗanda duk ba sa wuce rabin awa zuwa minti 45. Catan yana cin awa ɗaya zuwa biyu. Monopoly kuwa sai abin da hali ya yi, ana iya shafe yini ba a ga ƙarshensa ba. Wasan da kiran salla zai riƙa tsinka shi a tsakiya, a dawo a tarar yaro ya watsa komai, ba naku ba ne.

Gargaɗi: lokacin da aka rubuta a kwali na waɗanda suka riga suka iya ne. Zaman farko ka ninka shi biyu.

Sai wuri. A tabarma za a yi ko a tebur? A ƙofar gida inda iska ke kaɗawa, ko a falo ƙarƙashin fanka? Wasan da ake shimfiɗa katuna da yawa a fili, iska ɗaya ta ishe shi. Carcassonne ana jera ƙananan fale-falen kwali ne gefe da gefe har su zama taswira, don haka yana son wuri shimfiɗaɗɗe mai faɗi. A tabarmar kaba mai tudu da kwari ba zai zauna ba. Ga zaman waje, nemi abu mai nauyi: allon katako, 'ya'yan ces masu ƙarfe a gindi, ko Hive, wanda ba shi da allo ko kaɗan, fale-fale 22 ne masu kauri da ruwa ba ya yi musu komai. Ka kuma tuna da haske. Idan wuta ta ɗauke aka koma fitilar waya, shuɗi da kore da baƙi duk ɗaya suke zama.

3. Raba dabara da sa'a

Nan ne mutane suka fi ruɗewa, don haka zan ɗan tsaya. Ba duk wasan da ake yi a kan allo ne wasan dabara ba. Gwajin mai sauƙi ne: idan gwani ya zauna da sabon shiga suka buga sau goma, sau nawa gwanin zai ci? A maciji da tsani babu gwani, ƙwayar da ake jefawa, irin ta lido, ce kawai take hukunci. A lido akwai 'yar dabara wajen zaɓen ɗan da za a tura, amma wanda shida ta ƙi fitowa hannunsa sai dai ya zuba ido. A ces da daraf da dara kuwa gwani zai cinye goman, ko ya bar maka ɗaya don kunya.

Kowane ɓangare yana da illarsa. Wasan da babu sa'a a cikinsa yana kaifafa tunani ƙwarai, amma idan tazarar iyawa ta yi yawa, na ƙasa yakan gaji da shan kaye ya daina zuwa. Uba da ya iya daraf tun yana saurayi, in ya zauna da ɗansa ɗan shekara tara ba tare da rangwame ba, cikin mako guda yaron zai koma wayarsa. Wasan da sa'a ta yi masa yawa kuma, manya ne suke gajiya da shi.

Ga iyali ko majalisar da ta haɗa gwanaye da 'yan koyo, na tsakiya ne suka fi riƙe mutane: akwai sa'a a abin da ya faɗo hannunka, akwai dabara a yadda ka sarrafa shi. A Ticket to Ride kana tara katuna masu launi iri ɗaya don ka shimfiɗa layin dogo tsakanin birane, kowa da taragai 45. Ba ka san katin da zai fito ba, amma kai ne mai yanke shawarar ko ka ci gaba da tarawa ko ka kama hanya kafin wani ya tare ta. A Catan ana jefa ƙwaya biyu ne, sai dai wanda ya san lissafi ya san 7 ta fi kowace lamba fitowa, 6 da 8 suna biye da ita, 2 da 12 kuwa da ƙyar ake ganinsu, don haka ya san inda zai kafa gidansa tun farko. Wannan sa'a ce da ake iya yi wa shiri.

Akwai kuma nau'in da yawancinmu ba mu saba da shi ba, wanda kowa da kowa ɓangare ɗaya ne, ko a ci tare ko a faɗi tare. Pandemic, wanda ya fito a 2008, shi ne fitacce: mutum 2 zuwa 4 suna haɗa kai su daƙile cututtuka huɗu kafin su mamaye duniya, kuma Legas da Khartum da Alkahira suna cikin biranen da ke kan allon. Gidan da wasa ke yawan ƙarewa da kuka tsakanin wa da ƙani, irin wannan ya fi dacewa da shi.

Gargaɗi a kan ƙwaya da caca: wannan ba ƙaramar magana ba ce a gidajenmu, kuma gara a warware ta kafin a kashe kuɗi. Akwai hadisi ingantacce da ya yi kashedi mai tsanani game da nardu, wani tsohon wasan allo da ake jefa ƙwaya a cikinsa, kuma malamai da yawa sun sanya duk wasan da ake jefa ƙwaya a ƙarƙashinsa. Ces ma an yi saɓani a kanta: Malikiyya sun tsananta, Shafi'iyya sun sassauta da sharuɗɗa. Abin da babu saɓani a kansa shi ne, da zarar an sa kuɗi, ko wasa ya sa an jinkirta salla, an fita daga halal. Ka tambayi malamin da ka amince da shi. Idan gidanku ba a shiga da ƙwaya, cire lido, Monopoly, Risk, Catan da maciji da tsani daga lissafi. Dara, daraf, ayo, Azul, Splendor, Carcassonne, Ticket to Ride, Jaipur, Hive da Pandemic duk babu ƙwaya a cikinsu. Haka nan akwai gidajen da ganin karta kawai ya isa a ce caca ake yi, ko da ko sisi ba a ajiye ba. In haka ne, kada ka ja da dattawa, zaɓi wasan allo.

4. Duba yawan karatun da ke ciki

Juya kwalin ka kalli bayansa. Katunan suna ɗauke da rubutu ko alamomi ne kawai? Idan kowane kati yana da layi uku na Turanci da sai an karanta a ɓoye, to duk wanda karatunsa bai yi ƙarfi ba an riga an kore shi. Azul, Splendor, Carcassonne, Hive da Jaipur launi ne da lamba da hoto. Mutum ɗaya ya karanta ƙa'ida ya bayyana da Hausa, shi ke nan. Targi, wasan mutum biyu da aka gina a kan fataucin Buzaye na gishiri da dabino da barkono, abin sha'awa ne ga duk wanda ya san ayarin Agadez, amma katunansa suna da rubutu, sai masu karatu.

Scrabble kuwa gaba ɗayansa harshe ne. Najeriya tana da suna a cikinsa, domin Wellington Jighere ya ci gasar duniya a 2015 a birnin Perth na Ostireliya, kuma ga ɗalibin da ake so Turancinsa ya faɗaɗa, yana da amfani sosai. Amma an tsara haruffansa ne a kan Turanci ko Faransanci, babu ƙ, babu ɗ, babu ɓ, kuma in an ce za a buga da Hausa harafin a zai ƙare tun ba a je ko'ina ba. Wanda yake son wasan kalmomi da Hausa ya duba Codenames: katuna 25 ake jerawa biyar-biyar, ƙungiya biyu suna lalubo kalmominsu ta hanyar alama. Ana iya yanka kwali a rubuta kalmomin Hausa a maye gurbin na Turancin, wasan ya tafi daidai.

Gargaɗi: wasa ɗaya yana da bugun Jamusanci, Faransanci, Sinanci da sauransu, kuma zanen kwalin iri ɗaya ne. Mai saye ta intanet ya tabbatar da harshen kafin ya biya. Ka kuma duba hotunan ciki da jigon wasan, ko akwai abin da ba za ka so a shimfiɗa a gaban yara ko surukai ba.

5. Fara da abin da ke kusa

Yanzu jerinka ya rage. Kafin ka kai ga na waje, ka tabbata ba ka tsallake na ƙofar gida ba.

Dara ba ta buƙatar ko kwabo. Gurabe 30 ake tonawa a ƙasa, layi biyar na shida-shida, kowa da 'ya'ya 12, wannan da tsakuwa wancan da tsinke. Ana fara zubawa ɗaya bayan ɗaya, sannan a shiga turawa gurbi guda gaba, baya ko gefe. Duk wanda ya jera uku a layi ya cire ɗan abokin karawarsa ɗaya. Ƙa'ida ce da ake koya cikin minti biyar, amma zurfinta yana cikin zubin farko, inda gwani yake shirya wurin da zai riƙa buɗewa yana rufewa yana ci a kowane taku. Ka tsaya bayan dattawa biyu a gindin bishiya ka ga yadda ɗaya zai riƙe tsinke a sama ya daɗe bai dasa ba, idonsa na kan gurbin da kai ba ka ma lura da shi ba. Wanda ya ce yana neman wasan dabara alhali bai taɓa zama a dara ba, da ita ya kamata ya fara.

Daraf irin namu gida 100 ne, goma-goma, kowa da 'ya'ya 20. Kafinta zai yi maka allon, murafan kwalba kala biyu su zama 'ya'ya. Ayo na Yarabawa, wanda 'yan zango a Kumasi da Accra suka sani da oware, gurabe 12 ne da 'ya'ya 48, huɗu a kowane gurbi. Babu wasan da ya kai shi koya wa yaro ƙidaya a ka. Ces tana da gida 64 da 'ya'ya 16 kowane ɓangare, kuma ita ce mai ƙofar gasa a makarantu da jihohi har zuwa ƙasashen waje. Aikin da gwanin ces Tunde Onakoya yake yi da yaran unguwannin talakawa a Legas ya nuna inda za ta iya kai yaro.

A ɓangaren kati, Whot ita ce ta kowa. Dabararta ba ta da zurfi sosai, amma akwai: riƙe 20 har lokacin da ya dace, lura da siffar da abokin gaba ya rasa, da zubar da manyan lambobi kafin a ƙirga. Wanda yake son kati mai nauyin tunani ya koyi belote. Ba sai an nemi wani kwali na musamman ba, a cire 2 zuwa 6 daga karta mai 52, saura 32, su ne kayan aikin.

Gargaɗi: idan kana da Whot, sayen Uno bai ƙara maka komai ba sai launi, domin tsarinsu ɗaya ne. Kuma allunan da ake sayarwa masu ninkewa, waɗanda aka haɗa ces da daraf a ciki, gida 64 gare su. Ba za su yi daraf ɗin da ake bugawa a majalisa ba.

Idan za ka tsallaka zuwa na waje, ɗaya tak za ka fara da shi. Ra'ayina: ga iyali, Ticket to Ride ko Azul, ga mutum biyu, Jaipur, inda ake cinikin fata da yadi da kayan yaji da zinariya, raƙuma kuma su ne abin musaya, ga abokai masu son ciniki da surutu waɗanda ƙwaya ba ta dame su ba, Catan. Alama ɗaya da za ta taimake ka ita ce jan tambarin Spiel des Jahres, kyautar da ake bayarwa a Jamus tun 1979 ga wasan iyali mafi kyau na shekara. Catan ya samu a 1995, Carcassonne a 2001, Ticket to Ride a 2004, Azul a 2018. Shafin BoardGameGeek kuma yana auna nauyin kowane wasa, wato wahalar koyonsa da bugawa, daga 1 zuwa 5. Mai farawa kada ya haura 2.5, komai yabon da aka yi wa wasan.

6. Gwada kafin ka biya

Gani ya kori ji. Ces ana buga ta kyauta a shafin intanet na Lichess. Shafin Board Game Arena yana da ɗaruruwan wasanni da za ka ɗanɗana a waya ko kwamfuta. A YouTube rubuta sunan wasan ka kalli yadda ake bugawa, ba bidiyon talla ba, wanda mutane suka zauna suka yi zagaye biyu ko uku. Yawancin kamfanoni suna sakin takardar ƙa'ida kyauta. Sauke ta ka karanta. In ka kai shafi na uku kanka ya ɗaure, ka tuna kai ne za ka bayyana wa wasu. Mazauna Abuja suna da NIBCARD Games, masu ƙera wasanni na gida, inda ake iya zuwa a buga a gani da ido.

Gargaɗi: waya tana yi maka lissafi, tana hana ka kuskure, tana raba kati cikin ƙiftawar ido. A tebur duk kai za ka yi. Wasan da ya ɗauki minti 15 a waya yana iya cin 40 a zahiri.

7. Lissafa kuɗin gaba ɗaya

Matakan tsada uku ne. Na farko, kyauta ko kusa da haka: dara, daraf na kafinta, kwalin Whot, karta. Na biyu, abin da ake samu a shagunan littattafai da na kayan wasanni a manyan garuruwa: ces, Scrabble, lido, Monopoly. Na uku, na waje da sai an yi oda. Manyan kwalaye irin su Catan da Ticket to Ride a can ƙasashensu sukan kama tsakanin dala 30 zuwa 60, ƙananan na kati kuma ƙasa da haka. A kan wannan za ka ɗora canjin ranar, da kuɗin jigila wanda nauyi da girman kwali ke yankewa, da abin da za a iya caza a shigowa. Ba abin mamaki ba ne jigila ta kusa kamo kuɗin kayan. Idan akwai ɗan'uwa mai dawowa daga tafiya, roƙe shi ya sako a jaka.

Sannan raba kuɗin da yawan zaman da kake ganin za a yi. Allon ces mai kyau da za a buga shekara goma ya fi araha a kan kwali mai rahusa da za a buɗe sau biyu. Sayen nagari mayar da kuɗi gida. Majalisa tana iya yin karo-karo, amma tun ranar a tsayar da wanda zai riƙa ajiyewa, kada a bar shi yana yawo gida-gida.

Gargaɗi: akwai kwalayen da ƙari ne kawai, ba sa buguwa sai da uwar wasan. Taswirar Afirka ta Ticket to Ride haka take, babu taragai a ciki. Ƙarin Catan na mutum 5 zuwa 6 ma haka. Sun fi araha, shi ya sa ake faɗawa. Karanta gaban kwalin da kyau. In an rubuta cewa yana buƙatar wani wasan, ajiye shi tukuna.

8. Ƙirga kaya a gaban mai sayarwa

Ko sabo ne ko na hannu, a bayan kwali ko shafin farko na takardar ƙa'ida akwai jerin abin da ke ciki. Ka ce, "Malam, don Allah a buɗe mu ƙirga tare." Mai gaskiya ba zai ƙi ba. Idan oda ce, ƙirga a ranar da ta iso, kana ɗaukar bidiyo tun daga yanke leda.

Lambobin da ya kamata ka riƙe: Whot kati 54 ne, da'ira 12, alwatika 12, kuros 9, murabba'i 9, tauraro 7, sai masu lamba 20 guda 5. Karta 52 ban da joka. Uno na asali 108. Scrabble na Turanci haruffa 100, na Faransanci 102. Ces 'ya'ya 32. Azul fale-fale 100, kala biyar, ashirin-ashirin. Carcassonne fale-fale 72 a uwar wasan. Ɗan ces ɗaya in ya ɓata ana iya sa murfin kwalba a madadinsa, amma kati ɗaya in ya ɓata a belote ko harafi ɗaya a Scrabble, lissafin wasan ya lalace.

Bayan ƙidaya, duba inganci. Ɗaga kati ɗaya ka haska fitilar waya ta bayansa; in kana hango lambar, abokin wasanka ma zai hango. Kife katunan duka ka dubi bayansu, launin ya zama ɗaya, babu mai lanƙwasasshen kunne, domin a zama na uku kowa zai haddace cewa mai karyayyen gefen nan 20 ce. Ɗora 'ya'yan ces a kan allon: gindin sarki ya cika kamar kashi uku cikin huɗu na gidan, kada ya cushe, kuma ka hura musu iska ka ga ko za su faɗi. Buɗe allo mai ninkewa ka rufe sau da yawa ka ga ko tsakiyar za ta tsage.

Gargaɗi: jabun wasannin waje sun cika kasuwar intanet. Alamunsu farashi mai faɗuwa ƙasa warwas, rubutu dishi-dishi, kurakuran haruffa a takardar ƙa'ida, kwali mai laushi da warin fenti. Wani lokaci launuka biyu sukan yi kama har ba a bambance su, wasan kuma a kan launi ya dogara.

9. Shirya zaman farko

Wasanni da yawa a zaman farko suke mutuwa, ba don ba su da kyau ba. Mai gida ya buɗe kwali a gaban baƙi, ya kama karanta takarda da ƙarfi, kafin ya gama kowa ya ciro waya. Kada ka yi haka. Daren da ya gabata ka shimfiɗa wasan kai kaɗai, ka buga wa mutum biyu da hannunka har ka gane tafiyarsa.

In an zauna, bi wannan tsari: fara da yadda ake cin wasan, sannan abin da mutum zai iya yi idan layi ya zo kansa, sannan abin da ke kawo ƙarshe. Sauran ƙananan ƙa'idoji bari sai an iso su. Zagayen farko a yi shi katuna a buɗe, kowa yana ganin na kowa, a kuma faɗa tun farko cewa wannan na koyo ne, ba a ƙirga shi. Idan da dattijo a wurin, ba shi girmansa: "Baba, ga shawara, in an sa nan za a tare masa hanya," ya fi a ce masa ya yi kuskure. Gwani kuma ya rage ƙarfi da yara, ya cire 'ya'ya biyu ko uku daga nasa a daraf, ko ya ajiye sarauniya a ces.

Gargaɗi: a daidaita ƙa'idar gida kafin a raba, ba bayan rigima ta tashi ba. A Whot yawanci 1 tsayawa ce, 2 ɗauki biyu, 5 ɗauki uku, 8 tsallake, 14 kowa ya je kasuwa, amma wani gari ana kare ɗauki biyu da wata 2, wani gari ba a yi. Wasu suna ninka tauraro a ƙidaya, wasu ba sa yi. A daraf a yanke hukuncin wanda ya ga ci ya ƙi ci. A dara a amince ko jeri huɗu yana ci, da ko ana cire ɗan da ke cikin jerin uku. A ces farin gida ne yake kusurwar hannun daman kowane ɗan wasa. Allo da yawa a karkace ake ajiye su. Sannan a gaya wa 'yan kallo su kama bakinsu.

Kada ka yanke wa wasa hukunci a zama ɗaya. Ba shi uku. In bayan na ukun babu wanda ya ce a sake, sayar da shi ko ka yi musaya da wani tun kayansa suna cike.

10. Ajiya, da lokacin ƙaro wani

Zuba kowane irin 'ya'ya a ƙaramar leda mai zif, ka rubuta adadinsu a jiki, a ƙirga kafin a tashi. Kada a ɗaure kati da roba, zafi yana narkar da ita ta manne. Lokacin damina ɗaga kwalaye daga ƙasa saboda laima da gara, lokacin hunturu a sa su cikin jaka saboda ƙura, kuma kada a bar su cikin mota a rana, allon kwali yana kumbura ya lanƙwashe. Katunan wasa mai tsada a saya musu rigunan leda daidai girmansu, musamman inda ake cin gyaɗa ko ƙosai ana wasa. Ɗauki hoton takardar ƙa'ida a waya, ita ce ta fi saurin ɓata.

Sai wasan farko ya zauna, kowa ya iya shi ba tare da duba takarda ba, sannan a yi maganar na biyu. Shi kuma ya cike giɓin da na farkon ya bari: in kuna da na mutum biyu, nemi na taro, in kuna da mai tsawo, nemi na minti 20, in duk na gasa ne, ƙaro na haɗin kai guda ɗaya.